Ƙofa Ba Ta Karatu

Ni ne Tanimu na ƙofar asibiti,
mai riƙe da sandar nan mai kuka.
Shekara tara ina shafa ta a jikin mutane,
ta yi kuka don makulli, don ƙusar takalmi,
don cokalin da tsohuwa ta ƙulle a haɓar zane.

Ranar Laraba, an idar da isha'i,
sai ga Alhaji Nadabo mai canji na Wapa,
hula a karkace, takalmansa ba 'yan gida ɗaya ba.
Na kai sanda ƙugunsa na hagu.
Ta ƙwala ihu.

Bai musa ba. Ya zaro takarda daga aljihun gaba,
a cikin leda, naɗinta har ya fara tsagewa,
ga hoto, ga hatimi, ga sa hannun wani babba.
Ya ce, "Yaro, karanta. Da izini nake tafe.
Da ita nake kwana a Gwammaja,
da ita nake ratsa gari da jakar dukiyar mutane,
tun daren da aka tare ni a Kurna
aka bar ni da giɓin haƙori uku."

Na ce, "Alhaji, na karanta, ban ƙaryata ba.
Sai dai takardarka ta titi ce,
ƙofar nan kuwa ba ta karatu.
In za ka banki, ina kake barin ta?
Kotu fa? Filin jirgi fa?
Ran Juma'a a wane sahu kake tsayawa da ita?
Nan ciki akwai wanda yanzu aka ce masa
mahaifiyarsa ta cika,
kuma hannun mai baƙin ciki ba ya duba hatimi."

Ya ce 'yarsa Kubura ce a ɗakin haihuwa
tun azahar.
Ya ce direba ya tafi da mota neman jini.
Ya lissafo mini sunayen manya huɗu,
sannan ya taɓa ɗaya aljihun.
Na dubi ƙasa.
Albashin watan bai shigo ba,
ba zan ce zuciyata ba ta yi lissafi ba.

Na jawo masa bencina.

Ya zauna, hannu a ƙugu kamar mai ciwon koda.
Mai shayi ya rufe, mai lemo ya kwashe tire,
'yan adaidaita sun ragu a hanyar Ƙofar Mata.
Duk mai farin kaya da ta gifta
sai ya miƙe, ya koma ya zauna.
Bai ƙara yi mini magana ba. Ni ma haka.

Sha ɗaya saura mota ta dawo.
Ya shiga, ya ja gilashi, ya daɗe.
Da ya fito sai na ga yana tafiya a karkace,
kamar wanda aka sauke wa tulu
kafaɗa ba ta ji labari ba.
Ya ɗaga hannuwa da kansa.
Na shafa sanda sama da ƙasa.
Shiru.

Da asuba ya fito, ido jajur,
gefen rigarsa na hagu a jiƙe.
Ya ce, "Mace ce. Ta yi mini fitsari.
Shekara goma sha ɗaya ban yi tafiya tsirara ba sai jiya,
ga shi an ɗora mini wani nauyin a wurin."
Ya damƙa mini dabino biyar.
Wannan kam na karɓa.

Ya nufi mota.
Ko ya mayar da ita ƙugu, ko ya bar ta ƙarƙashin kujera,
ban gani ba,
don wata ta iso da kwanon koko
sanda kuma ta fara kuka a kan murfinsa.